Labari 378 daga alƙalami ɗaya: Herbert Reinecker da fina-finan 'yan sandan Jamus

Ƙarfe takwas da kwata na daren Juma'a, a Jamus ta Yamma ta shekarun 1980, miliyoyin gidaje kan kunna tashar ZDF su nemi wuri su zauna. Abin da za su gani sun riga sun san siffarsa. Mota ƙirar BMW za ta tsaya a ƙofar wani katafaren gida a unguwar masu hali ta birnin Munich. Wani dogon dattijo mai babban tabarau da doguwar kwat zai fito, mataimakinsa na biye da shi. Zai danna ƙararrawa, wata mata ta buɗe, ya faɗi sunansa, ya ce daga sashen binciken kisan kai yake. Ba ya ɗaga murya. Zai shiga falo, ya yi tambaya ɗaya, ya zuba wa matar ido har shirun ya yi mata nauyi. Kafin awa ta cika, wani a cikin gidan nan zai sunkuyar da kai ya ce shi ne ya aikata.

Dattijon shi ne Sufeto Stephan Derrick, jarumin da ya fito a matsayinsa kuma Horst Tappert. An fara nuna shirin ranar 20 ga Oktoba, 1974, aka rufe shi ranar 16 ga Oktoba, 1998, bayan kashi 281. An sayar da shi ga ƙasashe fiye da ɗari, kuma yana cikin shirye-shiryen talabijin na Jamus da suka fi yin tafiya mai nisa. A Italiya, Faransa, Holan da Nowe, mutane da yawa ta bakin Derrick suka fara sanin Bajamushen bayan Yaƙin Duniya na Biyu: mutum mai natsuwa, mai ladabi, wanda bindiga ba ta dame shi ba.

Shiri mai dogon zango irin wannan gayya ake yi masa. Marubuta da dama ne ke karɓa-karɓa, wannan ya gaji wancan ya ɗauka. Derrick kuwa, daga kashi na farko har na ƙarshe, mutum ɗaya ne ya rubuta shi, Herbert Reinecker. Kafin nan ma shi kaɗai ya rubuta dukkan kashi 97 na Der Kommissar, wato Kwamishinan 'Yan Sanda, daga 1969 zuwa 1976. Idan aka haɗa, labari 378 ke nan cikin shekara talatin, kusan labari guda a kowane wata, ban da sauran ayyukan da yake yi a gefe. Wannan kaɗai ya isa a tsaya a dubi mutumin. Amma abin da ya sa rayuwarsa ta zama abin nazari shi ne inda alƙalamin nan ya koyi rubutu.

An haife shi a garin Hagen ranar 24 ga Disamba, 1914. Yana saurayi ya shiga ƙungiyar matasan Hitler, kuma da yake yana da baiwar rubutu, nan da nan aka ja shi sashen yaɗa labarai. Zuwa tsakiyar shekarun 1930 yana Berlin, a hedikwatar matasan jam'iyyar Nazi, yana shirya mujallu. Ɗaya daga cikinsu ita ce Der Pimpf, wadda ake bugawa domin yara maza 'yan shekara goma zuwa sha huɗu. Aikin mujallar a bayyane yake: ta sa wa yaro sha'awar kaki, da maci, da biyayya, da ganin mutuwa a fagen daga a matsayin ƙololuwar daraja. Da yaƙi ya ɓarke ya zama ɗan jaridar fagen fama a rundunar Waffen-SS, ɓangaren soja na SS, wato dakarun jam'iyyar Nazi na musamman. Ya rubuta wasan kwaikwayo mai suna Das Dorf bei Odessa a 1942, wanda aka yi ta nunawa a dandamalin ƙasar. A 1944 ya rubuta labarin fim ɗin Junge Adler, wato Matasan Gaggafa, tare da abokinsa darakta Alfred Weidenmann, kan yaran da ke koyon aiki a masana'antar ƙera jiragen sama. A farkon Afrilun 1945, sojojin Sobiyet na dab da Berlin, kowa mai ido ya ga an ci yaƙi, shi kuwa yana rubuta sharhin shafin farko na Das Schwarze Korps, jaridar SS. Shekararsa talatin a lokacin. Ba yaro ba ne da za a ce an ɗebo shi daga aji an miƙa masa bindiga.

A riƙe wannan watan na Afrilu, domin za a sake cin karo da shi.

Bayan yaƙi ƙawancen da suka ci Jamus sun fara tankaɗe da rairaya don fitar da 'yan Nazi daga muƙamai, amma aikin bai yi nisa ba. Yaƙin cacar baka ya shigo, Amurka da Ingila suna bukatar Jamus ta Yamma ta miƙe da wuri, ƙasa kuma ba ta miƙewa ba tare da alƙalai, malamai, injiniyoyi da ma'aikatan ofis ba, mafi yawansu kuwa sun yi wa tsohuwar gwamnati aiki. Har a ofishin shugaban gwamnati Konrad Adenauer, mutumin da ya riƙe ragamar ofishin daga 1953 zuwa 1963, Hans Globke, yana cikin waɗanda suka rubuta sharhin dokokin wariyar Yahudawa na Nuremberg. Sai aka yi wata yarjejeniya wadda ba a rubuta ba: a bar kaza cikin gashinta. A wannan yanayi Reinecker ya yi 'yan shekaru yana rubuta gajerun labarai da wasannin rediyo, daga nan ya koma fim.

Fina-finansa na shekarun 1950 su ne mabuɗin fahimtar duk abin da ya biyo baya. A 1954 shi da Weidenmann, abokin nan dai na Junge Adler, suka fitar da Canaris, labarin Admiral Wilhelm Canaris, shugaban leƙen asirin sojan Jamus. Fim ɗin ya nuna shi a matsayin mutumin kirki da ke yaƙar Hitler a ɓoye daga cikin gida, ya kuma tattara mugunta ya ɗora wa Reinhard Heydrich na SS. Canaris ɗin gaskiya, SS ce ta rataye shi a sansanin Flossenbürg ranar 9 ga Afrilu, 1945, 'yan kwanaki bayan sharhin da Reinecker ya rubuta wa jaridarta. Shekara tara kacal tsakani, marubucin jaridar masu rataya ya zama marubucin yabon wanda aka rataye, har ya sami lambar yabo ta fina-finan ƙasa a kan haka. A 1955 aka yi Kinder, Mütter und ein General daga littafinsa, labarin iyaye mata da suka bi 'ya'yansu har bakin daga don su dawo da su gida. A 1957 kuma Der Stern von Afrika, kan matukin jirgin yaƙi Hans-Joachim Marseille da ya yi suna a hamadar Arewacin Afirka.

Za a iya cewa tuba ce, za a iya cewa bin iska ne. Ni abin da na fi gani shi ne wata ƙwarewa guda da ba ta taɓa barinsa ba: ya san abin da jama'arsa ke son a faɗa musu, ya kuma san yadda zai faɗe shi da daɗi. A 1944 suna son a ce musu sadaukarwa tana da ma'ana. A 1954 suna son a ce musu miyagu 'yan ƙalilan ne a sama, sauran kuwa mutanen kirki ne da ƙaddara ta rutsa da su. Fina-finan ba su musanta cewa an yi ɓarna ba. Sun dai keɓe ta a wuri guda, suka zagaye ta da shinge, mai kallo ya tsaya a waje yana leƙe.

Shigarsa labarin laifi ta zo ne ta ƙofar kasuwa. Daga 1959 kamfanin Rialto, wanda daga baya furodusa Horst Wendlandt ya jagoranta, ya gano cewa Jamusawa na tururuwa zuwa sinima idan an mayar da littattafan marubucin Ingila Edgar Wallace fim. Aka yi fiye da talatin har zuwa 1972. Labarin a Landan yake faruwa, da hazo, da tsofaffin fadoji, da 'yan sandan Scotland Yard, amma yawancin ɗaukar a Hamburg da Berlin ake yi, 'yan wasan kuma Jamusawa ne. Reinecker ya rubuta Der Hexer na 1964, ya kuma rubuta wasu da sunan aro, Alex Berg. Akwai abin lura a nan. Shekara goma sha biyar bayan yaƙi, kisan kai don nishaɗi sai an kai shi ƙasar wasu kafin Bajamushe ya zauna ya kalle shi da kwanciyar hankali. A daidai wannan lokaci, daga 1963 zuwa 1965, a birnin Frankfurt, babban mai gabatar da ƙara Fritz Bauer ya sa aka gurfanar da ma'aikatan Auschwitz, sansanin kisan gilla na 'yan Nazi, shaidu na ba da labarin kisan da ba ya ƙidayuwa.

Wanda ya dawo da gawar gida, ya ajiye ta a falon Munich, furodusa ne, Helmut Ringelmann, haifaffen birnin a 1926. Ba a fahimtar aikin Reinecker ba tare da shi ba. Tashar ZDF, wadda ta fara aiki ranar 1 ga Afrilu, 1963, tashar jama'a ce da a lokacin take rayuwa galibi da kuɗin da kowane gida mai talabijin ke biya. Ba ita ke ɗaukar irin waɗannan shirye-shirye da kanta ba, kwangila take bai wa kamfani. Furodusa ne ke ɗaukar marubuci, ya zaɓi darakta, ya tsinto 'yan wasa, ya tsare kasafi da lokaci, ya kawo kaya a ranar da aka yi alkawari. Abin da irin wannan mutum ya fi bukata shi ne marubucin da ba ya makara kuma ba ya ba da mamaki, Reinecker kuwa haka yake. Sun fara da labarai masu kashi uku-uku: Der Tod läuft hinterher a 1967, Babeck a 1968, sai 11 Uhr 20 a 1970. Jamusawa na da suna ga irin waɗannan shirye-shirye, Straßenfeger, wato mai share titi, domin idan ana nuna su ba ka ganin kowa a waje. A tuna fa, tashoshin ƙasa biyu ne a lokacin, ARD da ZDF, sai ta yanki. Tashoshin 'yan kasuwa ba su zo ba sai 1984. Abin da Reinecker ya rubuta a teburinsa, washegari shi ne hirar ofis da ta layin burodi.

Ranar 3 ga Janairu, 1969, Der Kommissar ya fara. Erik Ode ne ya fito a matsayin Kwamishina Herbert Keller, gajeren dattijo mai hula da taba, da mataimaka uku. An kawo talabijin mai launi a Jamus ta Yamma tun Agustan 1967, amma wannan shiri a baƙi da fari ya tsaya har ƙarshensa. Jamusanci, kamar Hausa, yana da "kai" na sabo da "ku" na girmamawa. Keller "kai" yake ce wa yaransa, su kuma "ku" suke ce masa, su ƙara da "shugaba". A wannan ɗan bambancin kaɗai an zana duniyar shirin: gida ne mai uba, uban kuma ya san daidai.

Shekarar ta sa wannan ya yi nauyi. A 1968 ɗaliban jami'a suka cika tituna, kuma tambayar da suka fi damun iyayensu da ita a teburin cin abinci ita ce: baba, me ka yi a lokacin yaƙi? Der Kommissar ya amsa ta wata hanya. Kashi bayan kashi, matasa ne masu dogon gashi, gidajen rawa, ƙwaya, 'yan mata da suka gudu daga gida. Keller kan shiga cikinsu ba tare da tsawa ba, ya saurare su, wani lokaci ma ya ɗora laifin a kan iyayen da suka shagala da neman kuɗi. Amma shi ne mai tambaya, su ne masu amsawa. A titi 'ya'ya ke tuhumar iyaye, a akwatin talabijin kuwa dattijo ke zaunar da 'ya'ya yana bincikensu cikin tausayi. Wanda ya rubuta wannan shi ne wanda shekara talatin kafin nan yake gaya wa wasu yaran yadda za su rayu da yadda za su mutu.

Nasarar shirin ce ta tayar da ARD ta kafa nata, Tatort, a Nuwamban 1970, da tsari dabam: kowane yanki da nasa ɗan sanda da nasa marubuta. Daga can ne a 1981 aka sami ɗan sanda Schimanski na birnin Duisburg, mai zagi da dambe da tsohuwar jaket, kishiyar duk abin da Munich ke sayarwa.

Derrick ya fara da wani salo da aka sauya daga baya. A kashin farko-farko akan nuna wa mai kallo wanda ya yi kisan tun daga farawa, kamar yadda shirin Columbo na Amurka ke yi, daga baya aka koma ɓoye shi. Kashi na ɗaya, Waldweg, wato Hanyar Daji, ya cancanci a dube shi da kyau. Ɗalibai mata ne ake kashewa a kusa da makarantarsu, mai kisan kuma malaminsu ne, wanda Wolfgang Kieling ya fito a matsayinsa, mutum mai sanyin murya da kowa ya yarda da shi. Gida ɗaya suke da tsohuwar mahaifiyarsa. Ta san abin da ɗanta ya yi, ta rufa masa asiri. Derrick ba shi da wata hujja ta kirki a hannu. Abin da yake da shi haƙuri ne: ya je, ya dawo, ya tsaya inda za a gan shi, ya sake tambayar da ya yi jiya, har rufin asirin ya gagari masu ɗauke da shi. Tun daga daren farko ke nan aka shimfiɗa abin da za a yi shekara ashirin da huɗu ana juyawa: wanda ya aikata, da wanda ya sani ya yi shiru, da baƙon da ya zo ya zauna har sai an yi magana.

Salon zancen Reinecker ma kowa ya san shi, har 'yan barkwanci suka riƙa kwaikwayo. Mutanensa maimaici suke yi. A ce wa mace an kashe mijinta, ta maimaita kalmar, a sake tabbatar mata, ta sake maimaitawa kamar tana ɗanɗana ta. Masu suka sun ce cika lokaci ne. Akwai gaskiya a ciki, domin mai rubuta labari kowane wata dole ya sami dabarar miƙa igiya. Sai dai duk wanda ya taɓa zama a gidan makoki a sa'ar da labari ya iso ya san haka mutane ke magana, kuma wanda ke ɓoye abu ma haka yake yi, yana maimaita tambaya don ya sami daƙiƙa biyu na shirya ƙarya. Marubucin Italiya Umberto Eco ya yi rubutu a kan shirin, inda ya danganta farin jininsa da cewa babu gwani a cikinsa: sufeton ba haziƙi ba ne na a-zo-a-gani, masu laifin ma ba shaiɗanu ba ne, mutane ne tsaka-tsaki irin mai kallo. A shekarun ƙarshe labaran sun koma wa'azi, 'yan wasa na tsayawa suna dogon jawabi kan lalacewar ɗabi'a da darajar rai, har masoyan shirin ma suka fara ƙorafi.

Ringelmann kuwa ya riƙe nasa gefen da hannu biyu. Manyan 'yan wasan dandamali da na sinima ya riƙa kawowa baƙunci, irin su Curd Jürgens, da matasa masu tasowa irin su Christoph Waltz, wanda ya fito a Derrick shekaru da dama kafin Hollywood ta san da shi. Ya ƙara da Der Alte a 1977, wanda wasu marubutan suka riƙe, daren Juma'a ya zama nasa. Idan ka bi jerin sunayen da suka yi aiki a ƙarƙashinsa, tarihin ƙasar gaba ɗaya za ka gani a cakuɗe. Ga Weidenmann na Junge Adler yana ba da umarni. Ga Wolfgang Staudte, wanda a 1946 ya yi fim ɗin farko na Jamus bayan yaƙi, Die Mörder sind unter uns, wato Masu Kisan Suna Cikinmu, shi ma yana ba da umarni a wasu kashin Der Kommissar. Ga Lilli Palmer, Bayahudiyar da ta bar Jamus bayan hawan Hitler mulki, tana fitowa a shirin a 1971 a matsayin uwar wata yarinya da ƙwaya ta kama. Kowa ya san kowa, kowa ya san inda kowa yake a 1944, aka kuma yi aiki tare. Haka aka sake gina Jamus ta Yamma, kamfanin shirya fim ɗin nan ɗan ƙaramin hotonta ne.

To, me ya sa mutanen da suka rayu cikin kisan miliyoyi suka kamu da son kallon kisan mutum ɗaya a kowane mako? A ganina amsar tana cikin girman laifin. Laifin zamanin Nazi ba shi da fuska guda. Wani ya sa hannu a takarda, wani ya tsara jadawalin jirgin ƙasa, wani ya tsare ƙofa, wani ya sayi shagon maƙwabcinsa da araha, wani ya rubuta sharhi. Ba wanda zai ce ni kaɗai ne, don haka kowa na iya cewa ba ni ba ne. Laifin da ke cikin Derrick kuwa yana da suna da adireshi. Dalilinsa na cikin gida ne: kishi, gado, bashi, tsoron tonon silili. Hukuma a kullum tana gefen gaskiya, ɗan sandanta ba ya duka, ba ya ƙarya, ba ya karɓar umarnin banza daga sama. Ga ƙasar da 'yan sandanta suka yi aikin kamen Yahudawa shekara talatin kafin nan, wannan hoto ba ƙaramin magani ba ne. Kuma da wuya ka ga zamanin Nazi ya leƙo cikin labaran, duk da cewa dattawan da ke zaune a waɗannan falukan, idan ka lissafa shekarunsu, duk sun rayu a cikinsa. Shirin da ya tilasta wa gidajen Jamus duban wancan kisan daga Amurka ya zo, Holocaust, wanda aka nuna a Janairun 1979, a shekarar da majalisar ƙasar ta yanke cewa shari'ar kisan kai ba ta tsufa.

Duk da haka ba zan yarda a ce aikin Reinecker yaudara ce zalla ba. Mutumin da ya rubuta ɗaruruwan labarai a kan wanda ya sani ya yi shiru, a kan gida mai kyan gani da ke zaune bisa gawa, a kan sauƙin da mai laifi ke samu a lokacin da ya furta, ba daga littafi ya samo wannan ba. Ya san nauyin. Ina ganin ya yi ta kewaya ramin ne shekara talatin, yana leƙawa ta gefe, bai taɓa shiga ba. A 1990 ya fitar da littafin tarihin rayuwarsa, bai ɓoye ayyukansa na zamanin Hitler ba, amma masu suka sun ga bayani ya rinjayi nadama a cikinsa. Abin da yake tilasta wa mutanen labarinsa su yi a minti na hamsin da biyar, wato su bar kewaye-kewaye su ce ni ne, bai zo masa da sauƙi ba a nasa labarin. Ya rasu ranar 27 ga Janairu, 2007, a gidansa da ke gaɓar tafkin Starnberg, yana da shekara 92.

Tappert ya bi shi a Disamban 2008, Ringelmann a 2011. A Afrilun 2013 wani masanin zamantakewa, Jörg Becker, ya fito da takardun da suka nuna cewa Tappert, yana ɗan shekara 19, ya kasance sojan Waffen-SS a rundunar Totenkopf a fagen yaƙi da Sobiyet a 1943, abin da bai taɓa faɗa ba duk tsawon rayuwarsa. Hankali ya tashi. ZDF ta sanar da cewa ta daina maimaita Derrick, wasu tashoshin Turai ma suka bi sahu.

Na fahimci zafin. Fuskar da duniya ta ɗauka a matsayin lamirin sabuwar Jamus ce ta bayyana da wannan tabo, kuma ɓoyewar ta shekara sittin ta fi komai ciwo. Amma a nan an bar jaki ana dukan taiki. Tappert baki ne kawai, kalmomin na Reinecker ne. Tarihin Reinecker kuwa ba a cikin wata tsohuwar ma'ajiya aka tono shi ba. Sunansa na bisa mujallu, bisa allon fim ɗin 1944, bisa jaridar SS, a buɗe tun kafin a ɗauki kashi na farko na Der Kommissar. Tashar ta sani a 1969, ta sani a 1974, ta sani a 1998, ta ci gaba da karɓar labari kowane wata. Idan tarihin SS ne ke hana nuna shiri, to hujjar ta daɗe a hannunta. Janye shirin a 2013 ya yi kama da irin ƙarshen da Reinecker kansa ke rubutawa: a sami mutum ɗaya, a ɗora masa, a rufe fayil. Da an bar shirin ana nunawa, a haɗa shi da bayanin waɗanda suka yi shi da inda suka fito, da matasan ƙasar sun fi ƙaruwa, domin babu wata shaida da ta fi waɗannan falukan nuna yadda iyayensu suka so a gan su.

Akwai mutum na huɗu a cikin wannan tafiya, wanda ya fi kowa daɗewa a gaban kyamara. Fritz Wepper ne, Harry Klein, mataimakin da ya fara a ofishin Keller a 1969, aka mayar da shi ofishin Derrick a 1974, ya zauna har 1998. An haife shi a 1941, mahaifinsa ya tafi yaƙi bai dawo ba. Fim ɗin da ya fito da shi duniya shi ne Die Brücke, wato Gada, na darakta Bernhard Wicki a 1959. Yara bakwai ne 'yan aji ɗaya, 'yan shekara sha shida, aka ba su kaki a kwanakin ƙarshe na yaƙi, aka ajiye su gadin wata gada ta garinsu da ba ta da wani amfani ga kowa. Sun yarda da duk abin da aka koya musu a makaranta da mujallu, don haka da tankokin Amurka suka iso ba su gudu ba. Shida suka mutu. Wepper ne ya fito a matsayin na bakwai, Albert, wanda ya bar gadar shi kaɗai da rauni a jiki. Shekara goma bayan haka ya karɓi matsayin Harry Klein, ya kuma yi kusan shekara talatin yana furta kalmomin da tsohon editan Der Pimpf ya rubuta masa.